Toshiyar Baki Mai Rasit

Gardamar ta tashi ne a fada, wani dare bayan isha'i, ana kan shayi na biyu. Na fito da ordonansin kawuna daga aljihu na miƙa wa wani abokina da ke karatun farmasi, ya duba mani ko akwai jenerik ɗin abin da aka rubuta. Kawun nawa ciwon sukari gare shi, shekara shida ke nan, kuma tun bara likita ya mai da shi kan allurar insulin. Duk ƙarshen wata sai an yi karo-karo a gidanmu. Ni ma in bursi ta faɗo, ana yankar wani abu a ciki. Abokin ya duba takarda, ya ja layi da bik, ya girgiza kai, sannan ya faɗi abin da kullum ake faɗa mana: «Magani dole ya yi tsada, kamarad, bincike ke cin kuɗi. Kuma can wurin Turawa akwai doka, ba kamar nan ba da kowa ke cin rabonsa.»

Ban ce masa komai ba a daren, don ba ni da hujja a hannu. Amma kalmar nan tasa, «akwai doka», ta tsaya mani a wuya. Na yi kusan wata biyu ina karance-karance, ga kuma amsata a rubuce, don a fada in mutum ya fara kawo lissafi sai a ce ya cika surutu. I, akwai doka a Amurka. Abin da ba mu tambaya shi ne wa ya riƙe alƙalami lokacin da ake rubuta ta, kuma nawa aka kashe kafin a kai ga hannunsa. Na ɗauki Amurka don can ce kasuwar magani mafi girma a duniya, can ne kuma aka fi barin sawu a takarda.

A Washinton akwai wata sana'a da mu ma mun san ta, sai dai mu ba mu buɗe mata ofis ba: kamun ƙafa. Mutum ne da kati da albashi, aikinsa ya shiga majalisa da ma'aikatun gwamnati yana lallashin masu mulki a madadin wanda ya ɗauke shi. Da yawansu tsofaffin ma'aikatan majalisar ne, sun san wace ƙofa ake ƙwanƙwasawa da wanda ke bayanta. Wata doka ta 1995 ta ce su yi rajista, su faɗi wanda ya biya su da nawa ya biya. Shi ya sa muka san lissafin. Kuma duk inda na ce dala a nan, dalar Amurka nake nufi, wadda ke kai-komo wajen sefa 600, kada wani ya ɗauka dalarmu ce ta sefa biyar.

Wani bincike da mujallar likitoci JAMA Internal Medicine ta buga a 2020 ya tara lissafin shekara 20, daga 1999 zuwa 2018. Kamfanonin magani da kayan lafiya sun kashe dala miliyar 4 da miliyon 700 a kamun ƙafa wurin gwamnatin tarayya kaɗai, wato miliyon 233 duk shekara in an raba. A 2022 abin ya wuce miliyon 350. Masu man fetur ba su kai su ba, masu ƙera makamai ba su kai su ba. Ƴan majalisar tarayya duka-duka 535 ne, dattawa 100 da wakilai 435. Raba miliyon 233 a kansu, kowane kai ya tashi a wajen dala 435,000 a shekara, sama da sefa miliyon 250. Ba a aljihunsa ake sa su ba, kuɗin da ake kashewa ne don a samu kunnensa.

Na aljihu kuma da tasu hanya. Doka ta hana kamfani ya ɗebo daga asusunsa ya miƙa wa ɗan takarar tarayya hannu da hannu. To sai a buɗe wani asusu a gefe, manyan ma'aikatan kamfani su zuba, asusun ya rubuta cak da sunan kamfen. Kafin zaɓen 2020, sanatoci 72 da depitoci 302 sun karɓi irin wannan cak daga masu magani. Sun fi kashi biyu cikin uku na majalisa, Republican da Democrat duka, don ɗan kasuwa mai wayo ba ya sa ƙwansa a kwando ɗaya na jam'iyya. Sannan a Janairun 2010 kotun ƙolin ƙasar, alƙalai biyar suka rinjayi huɗu a shari'ar da ake kira Citizens United, ta ce kamfani na iya kashe ko nawa ne a tallan siyasa muddin bai haɗa baki da ɗan takara ba. Wai kuɗi ma magana ce, kuma ba a hana mutum magana.

Bari in ba ku labarin dare ɗaya, don ya fi duk lissafin nan nuna yadda abin ke tafiya. Amurka na da wani shirin gwamnati mai suna Medicare, tun 1965, wanda ke biyan jinyar tsofaffi daga shekara 65 zuwa sama. Yana biyan asibiti, yana biyan likita, amma maganin da tsoho zai sayo a farmasi ya sha a gida bai shiga ciki ba. A 2003 gwamnatin George Bush ta kawo doka don a shigar da shi. Abu mai kyau, wa zai ƙi? Sai dai a cikin dokar an dasa wata ƴar jimla da ta hana gwamnati yin ciniki da kamfanonin magani kan farashi. An bar cinikin ga kamfanonin asiransi, kowa shi kaɗai. Ku tsaya ku duba. Ko uwar gida da ke awon gero tiya ɗaya a kasuwar Maradi tana tayawa, balle ɗan kasuwar da zai ɗauki tirela goma, wanda shi ke yanka farashi ma. Amma mai sayen da ke tsaye a madadin mutum wajen miliyon 40, an rubuta masa a doka cewa ba shi da ikon buɗa baki ya ce a rage. A ƙasar guda, ma'aikatar tsofaffin sojoji tana ciniki, kuma tana sayen magunguna iri ɗaya da rahusa sosai. Kowa ya san haka a lokacin. A shekarar nan masu magani da masu asiransi sun saki ƴan kamun ƙafa kusan 1,000 a kan majalisa.

Aka kai dokar zauren wakilai daren Asabar, 22 ga Nuwamba 2003. Aka buɗe ƙuri'a wajen ƙarfe uku na dare. A al'adar majalisar minti 15 ake ba ƙuri'a. Minti 15 suka cika, masu ƙi sun fi yawa, ba a rufe ba. Awa ɗaya ta wuce, allo ya tsaya a 216 sun yarda, 218 sun ƙi, ba a rufe ba. Shugabannin jam'iyya mai rinjaye na zagaya kujeru suna jan depitoci gefe ɗai-ɗai. Ministan lafiya da kansa ya shigo zauren. Shugaban ƙasa na kiran waya da asuba. Sai gab da ƙarfe shida na safe, bayan kusan awa uku, da suka ga sun juya isassun mutane, sannan aka buga guduma: 220 da 215. Wani depite na jihar Mishigan, Nick Smith, wanda zai bar kujera ɗansa na nemanta, ya fito ya ce an yi masa tayin taimaka wa ɗan nasa in ya sauya ƙuri'a. Bai sauya ba. A 2004 kwamitin ɗa'a na majalisar ya tsawata wa jagoran masu rinjaye, Tom DeLay, a kan wannan. Tsawatawa kawai. Wallahi da a Yamai ko Abuja aka yi irin wanga dare, da rediyoyin duniya sun kwana bakwai suna ba mu darasin dimokuraɗiyya.

Akwai kuma abin da depitocin ba su sani ba lokacin da suke jefa ƙuri'a. An ce musu dokar za ta ci wajen dala miliyar 400 a shekara goma. Babban mai lissafin Medicare, Richard Foster, shi ya lissafa ya samu sama da miliyar 500. Shugabansa, Thomas Scully, ya yi masa barazanar kora in ya faɗa wa majalisa, kuma sufeto janar na ma'aikatar lafiya ya tabbatar daga baya an yi barazanar. Shi Scully, yana cikin aikin dokar yana neman aiki a waje, da izinin hukuma. Bush ya sa hannu ranar 8 ga Disamba, kafin watan ya ƙare Scully ya aje aiki ya koma wani ofishin lauyoyi masu yi wa kamfanonin lafiya kamun ƙafa.

Amma gwarzon labarin shi ne Billy Tauzin, depite na jihar Luwiziyana, shugaban kwamitin da harkar magani ke ƙarƙashinsa, ɗaya daga cikin waɗanda suka tura dokar har ta wuce. A Disamban 2004 aka ba da sanarwar shi zai shugabanci PhRMA, ƙungiyar manyan kamfanonin magani ta Amurka, a kan albashin da jaridu suka ce ya kai dala miliyon 2 a shekara. Ya bar majalisa a Janairun 2005 ya shiga sabon ofis. Don adalci, shi ya ce ciwon daji ya yi, magani ya cece shi, shi ya sa ya ga ya kamata ya yi wa masu magani aiki. Allah ya ƙara lafiya. Godiyar dai ba kyauta ya yi ta ba: a 2010, shekarar da ya bar ƙungiyar, an biya shi dala miliyon 11 da dubu 600. Ba a kama kowa ba a duk wannan. Mu a nan cewa muke kowa ya ci ladan kuturu sai ya yi masa aski. Su sun gyara tsarin, aski ake fara yi, lada ya biyo baya da rasit.

To mu koma kan insulin, tunda ita ta jawo maganar. A Toronto ta Kanada aka gano ta, kuma a 1923 waɗanda suka gano ta suka sayar wa jami'ar garin da burebensu (takardar mallakar fasaha nake nufi, ba ta gama koleji ba) a kan dala ɗai-ɗai, don kada wani ya tsare ta ya hana masu ciwo. Yau kamfani uku, Eli Lilly da Novo Nordisk da Sanofi, su ke riƙe da wajen kashi 90 cikin 100 na kasuwarta a duniya. Kwalbar Humalog ta Eli Lilly dala 21 ce a Amurka a 1996. Zuwa 2019 ta kai wajen 275, kuma abin da ke cikin kwalbar bai sauya ba. A 2017 wani saurayi ɗan shekara 26 a jihar Minesota, tsaranmu ke nan, ya fita daga asiransin uwarsa saboda shekaru, ya shiga tsimin allura yana jiran ranar albashi. Ko wata bai cika ba aka tarar da gawarsa a ɗakinsa. Jihar ta yi doka a 2020 don wanda insulin ta yanke masa ya samu ta gaggawa da ɗan kuɗi kaɗan. Ana gobe dokar za ta fara aiki, PhRMA ta kai jihar kotu.

Jimlar nan ta 2003 ta yi shekara 19 tana aiki kafin a taɓa ta. Sai a Agustan 2022 aka yi dokar da ta ba Medicare ikon ciniki, shi ma a kan magunguna 10 kawai da farko, kuma aka tsayar sabon farashi ba zai fara ba sai Janairun 2026. Dokar ta ce tsoho ba zai biya fiye da dala 35 a wata don insulin ba. Da aka so a faɗaɗa wannan ga masu asiransi na kasuwa, sanatoci 57 suka yarda, 43 suka ƙi, abin ya faɗi don ana buƙatar 60. A Yunin 2023 Merck ya shigar da gwamnati ƙara, wasu kamfanoni suka bi sahu. Abin dariya a nan, a Maris na shekarar, da matsin ya yi yawa, Eli Lilly ya rage farashin Humalog da kashi 70 cikin 100 a sanarwa guda, sauran biyun suka bi cikin makonni. Kamfani bai rufe ba. To kashi 70 ɗin nan, duk shekarun da suka wuce, kuɗin mi ne?

Na san amsar abokina: bincike. Ba zan yi ƙarya ba, ƙera sabon magani na cin kuɗi ƙwarai, kuma da yawa daga cikin waɗanda ake gwadawa ba sa kai labari. Wanda ya sa dukiyarsa a irin wannan caca ya cancanci riba. Amma a duba lissafi biyu. Wani kwamitin majalisar wakilai ya binciki manyan kamfanoni 14 ya fitar da rahoto a 2021: daga 2016 zuwa 2020 sun kashe dala miliyar 577 wurin raba riba ga masu hannun jari da sake sayen hannun jarinsu, wato miliyar 56 fiye da abin da suka sa a bincike. Na biyu, wani nazari na 2018 ya bi sawun sabbin magunguna 210 da aka amince da su a Amurka daga 2010 zuwa 2016, ya samu cewa kowane ɗaya cikinsu ya tsaya ne a kan binciken da hukumar gwamnati NIH ta biya da kuɗin haraji. Talaka ya biya a haraji, ya sake biya a farmasi, sannan aka ɗebi wani abu daga ciki aka biya wanda zai hana wakilinsa tayawa.

Kada a ɗauka masu ƙera magani ne kaɗai. A 2009, lokacin da Obama ke neman dokarsa ta lafiya, ƙungiyar kamfanonin asiransi na faɗa a fili tana goyon bayan gyara, ta bayan gida kuma ta zuba dala miliyon 86 a asusun babbar ƙungiyar ƴan kasuwar Amurka, wadda ke buga tallan yaƙi da dokar. Sai bayan an gama aka gano. Manyan dilolin rarraba magani su ma sun yi nasu. Lokacin da ƙwayoyin kashe zafi masu sa maye ke kashe Amurkawa dubbai, an kai ƙwaya kusan miliyon 9 cikin shekara biyu wata farmasi guda a Kermit, garin da mutanensa ba su fi 400 ba. Mu da muka ga abin da tramol ya yi wa samarin unguwanninmu ba sai an yi mana bayani ba. A 2016 majalisa ta yi dokar da ta ƙara wa hukumar yaƙi da miyagun ƙwayoyi wahalar tsare irin wannan kaya, kuma ta wuce ba wanda ya ɗaga hannu ya ce a'a.

Yanzu wani zai ce, to mu ina ruwanmu, Amurkawa ne ke cutar Amurkawa. Zan fara da abin da ke gaskiya a maganar. Yawancin abin da muke saye a farmasi, farasitamol, amoksisilin, maganin zazzaɓi, babu burebe a kansu. Tsadarsu a wurinmu daga talauci take, da nisan teku, da ribar masu shigowa da su, da sakacin namu shugabanni. Wanda ya ce duk wahalar asibitinmu daga Washinton take ya ba ɓarayin gida mafaka. Amma in an zo kan sabon magani, wanda ke raba mai rai da gawa, to ƙa'idar da ke yanke ko za mu same shi a can aka tsara ta.

Kafin 1995 kowace ƙasa ita ke yanke wa kanta yadda za ta yi da bureben magani. Indiya daga 1970 har 2005 ba ta ba da burebe a kan maganin kansa ba, shi ya sa masana'antar jenerik ta girma a can. Shugaban Pfizer na lokacin, Edmund Pratt, wanda kuma ke shugabantar kwamitin ƴan kasuwa masu ba gwamnatin Amurka shawara kan ciniki, ya ga wannan bai yi masa ba. A 1986 shi da wasu manyan kamfanoni sama da goma suka kafa kwamiti, suka jawo takwarorinsu na Turai da Japan, suka tura gwamnatocinsu su sa maganar burebe cikin tattaunawar cinikin duniya. Abin da ya fito shi ne yarjejeniyar ADPIC, wadda aka sa wa hannu a Marakesh a 1994: duk ƙasar da ke cikin ƙungiyar ciniki ta duniya, OMC, sai ta ba da burebe na shekara 20, har a kan magani.

Afirka ta Kudu ta fara ɗanɗanawa. A 1997, sida na cin mutane, gwamnatin Mandela ta yi dokar da za ta ba ta damar sayo magani inda ya fi araha. A Fabrairun 1998 kamfanonin magani suka kai ta kotu, su 39 ne a shari'ar. Gwamnatin Amurka ta sa ƙasar cikin jerin waɗanda take sa wa ido kan ciniki, majalisarta ta ɗaure wani tallafi da maganar soke dokar. A lokacin maganin sida na shekara ɗaya dala 10,000 ne zuwa sama ga mutum guda. A Fabrairun 2001 kamfanin Cipla na Indiya ya ce zai ba da shi a kan dala 350, ƙasa da dala ɗaya a rana. Masu cutar suka cika tituna da zanga-zanga, duniya ta yi caa, ranar 19 ga Afrilun 2001 kamfanonin suka janye ƙarar a Pretoriya. Shekara uku aka ɓata, kuma waɗanda aka binne a cikinsu ba sa cikin lissafin kowane kamfani.

Mu kuma ta ƙofar OAPI abin ya shigo mana, ƙungiyar nan mai mazauni a Yawunde da ke ba da burebe guda ga ƙasashe 17, har da Nijar. A 1999 aka sake yarjejeniyar Bangi aka kai burebe shekara 20, ta fara aiki a 2002, alhali OMC da kanta ta ɗaga wa ƙasashe matalauta irin namu ƙafa kan magani har 2016. Likitocin MSF, waɗanda mutanen Maradi suka sani sarai, sun yi ta gargaɗi kada a sa hannu. Aka sa. Sai a gyaran Bamako na 2015 aka mai da sassaucin cikin takarda. Lokacin korona ma an maimaita: Indiya da Afirka ta Kudu suka nemi a jingine burebe a Oktoban 2020, PhRMA ta rubuta wa Biden a Maris 2021 ta ce kada ya yarda, aka yi ta jan ƙafa har Yunin 2022, sannan aka fito da ɗan guntun sassauci a kan allurar rigakafi kaɗai.

Kano ma na nan kusa. A 1996, cikin annobar sanƙarau, Pfizer ya gwada maganinsa Trovan a wani gwaji na yara 200, 11 suka mutu a ɓangarorin gwajin biyu, kamfanin ya ce cutar ce ta kashe su. A 2009 aka sasanta da jihar Kano a kan dala miliyon 75. A 2010 wata wasiƙar ofishin jakadancin Amurka da ta fasu ta ce wakilin kamfanin ya faɗa musu an ɗauki masu bincike su tono asirin ministan shari'a na Najeriya don ya saki ƙarar. Kamfanin ya musanta. Amma a nan ina roƙonku, ƴan'uwa, kada wani ya ɗauki takardar nan ya je ƙauye ya ce a guji allura. Ƙin rigakafin shan inna da aka yi a Kano a 2003 yaranmu na wannan gefen iyaka ma sun biya kuɗinsa da ƙafafunsu. Da masu sayen doka nake faɗa, magani kuwa kawuna da shi yake raye.

Akwai ma misali a jikinmu. Da yawa cikin masu karanta wannan an yi musu allurar MenAfriVac suna yara, a kamfen ɗin da aka fara a Disamban 2010 a Burkina da Mali da Nijar, daga ɗan shekara 1 zuwa 29. Lokacin da OMS da abokan aikinta suka fara shirin a 2001, jami'an lafiya na ƙasashenmu, har da na Nijar, suka ce kada a kawo musu allurar da ba za su iya saye ba. Aka fara da farashi: kada ta wuce rabin dala. Manyan kamfanoni ba su ga riba a haka ba. Aka ɗauko fasaha daga wani ɗakin binciken gwamnatin Amurka aka ba Serum Institute na Indiya, ya ƙera ta ƙasa da rabin dalar. Sanƙarau nau'in A, wanda iyayenmu ke tsoro duk lokacin zafi, ya kusa ɓacewa daga yankin. Annobar Yamai ta 2015 wani nau'i ne daban, C. Wannan allura ita ma bincike aka yi kafin a same ta, kamarad. Bambancin shi ne mai saye ya buɗe baki tun farko, kuma ba a samu wanda ya rubuta masa jimlar da za ta rufe shi ba.

Abokin nan nawa nan da shekara biyu zai gama, ya tsaya bayan kanta ko ya shiga ma'aikatar lafiya. Cikinmu akwai masu karatun likita da lauya, wasu kuma ba su ɓoye cewa kujerar depite suke hange. Tun yanzu a wurin staj delegen kamfanonin magani na kawo musu kalanda da ƴar jaka. Bik ɗin da ya ja layi da shi a ordonansin kawuna, sunan wani magani ne a jikinsa, na gani. Ban ce an saye shi da bik ba. Abin da nake nema ɗan kaɗan ne, kuma bai kai ma abin da Amurkawa suka tilasta wa nasu ba: duk taron ilimi da ƙungiyoyinmu na ɗalibai za su shirya, in wani kamfani ya sa kuɗi, a rubuta a allo a ƙofar amfi wa ya bayar da nawa.

Na faɗa masa zan rubuta wannan, ya ce shi ma zai kawo amsa a fitowa ta gaba. Bismilla, shafi na nan. Sai dai ya fara da faɗa mana wa ya biya abinci da rigunan taronsu na watan jiya, don ni na tambayi mutum uku cikin masu shiryawa, kowa ya tura ni wurin wani.